Rabin Kitson Tarwaɗa

Mutumin da ya fara jin warin nan shi ne ya fi kowa daɗewa yana musun akwai shi. Abin haushin kuma, mai aski ne. Kan mutane shi ne gonarsa, hancinsa yana gane kan da ba shi da lafiya tun mai shi bai cire hula ba. Amma da abin ya zo kan 'yar cikinsa, sai ya ce wai kwatar bayan gida ce ta toshe.

Ba-Zafi ake ce masa. Shagonsa yana ƙarƙashin matakalar wani bene, a matse tsakanin kemis da mai gyaran waya. Kujera ɗaya ce da shi, madubi mai tsaga a kusurwa, bencin masu jira, sai wani guntun katako da yake gittawa a kan hannuwan kujerar in yaro zai hau. A kan katakon nan ya samo sunansa. Yaron da ya gagari masu aski kaf, wanda sai an danne shi kamar za a yi masa allura, a kawo shi nan, ka ga ikon Allah. "Ba zafi, ba zafi," zai ce, yana ɗaura masa tawul a wuya. Kilifa kuwa ai ba kilifa ba ce, kyanwa ce take gurnani. Ba aski za a yi ba, aunawa kawai za a yi. Ga shi ma an gama, alhali ko ƙeya ba a kai ba. Ƙarya dai iri-iri, mai laushi, mai daɗin ji, kafin yaro ya farga an shafa masa hoda an sauke shi. In wani dattijo ya ce, "Kai Ba-Zafi, ka ji tsoron Allah," sai ya yi dariya ya ce, "Yaro da gaskiya sai bayan an kakkaɓe tawul."

'Yarsa ɗaya tal, ita ce Tarwaɗa. Uwarta ta laƙaba mata sunan don tun tana jaririya ba ta riƙuwa a hannu in an sa mata sabulu. Ba ta daɗe da shiga firamare ba. In an tashi makaranta shagon take zuwa, ta haye ƙarshen benci tana lilo da ƙafa har uban ya rufe. Akwai wani wasa tsakaninsu da ba wanda ya sani. Duk sanda ya shirga wa yaro ƙarya, sai ya ɗago ya dube ta ta cikin madubi ya kashe mata ido ɗaya. Ita kuma ta toshe baki da hannu, dariya na cinta.

Kanta kuwa bai taɓa taɓawa ba. Wannan aikin Ummanta ne. Yakan ce da matar, "Kawunan gidan nan an raba su, na maza nawa, na mata naki." Bahaguwa ce, shi ya sa tsagarta in ta zo kusa da kunne takan ɗan karkace, yadda ko cikin taron yara ya hango kan ya san hannun matarsa ne.

Ranar da abin ya faru, ranar hutu ce, da rana tsaka. Matar tana zaune a dokin ƙofar ɗaki, Tarwaɗa na tsakanin gwiwoyinta, an tsefe kai an wanke ana sabon kitso. Ta gama ɓangaren dama kenan ta dafe goshi. Ta ce kanta kamar ana sara da gatari. Ta ajiye mataji a kan taga kusa da kwalbar mai, ta ce bari ta ɗan kishingiɗa. Ba ta kai ga gado ba ta yanke jiki ta faɗi. Kafin a samo mota maƙwabta sun cika tsakar gida, Tarwaɗa kuma ta riƙe ƙafar wandon uban tana ihu, rabin kanta a kitse, rabi a tsaye kamar an tayar da ita daga barci. Ba shi da lokacin rarrashi. Bakinsa ya yi abin da ya saba. Ya durƙusa ya ce, "Yi shiru. Ki bar kan nan yadda yake, kada ki taɓa. Umma za ta dawo ta ƙarasa miki."

Ta tsura masa ido, ta daɗe tana kallonsa. Sai ta yi shiru ɗif, ta saki wandon.

Umma ba ta dawo ba. Ko farfaɗowa ba ta yi ba a asibitin.

Kada a ce an ɓoye wa yarinyar. Gwaggo, wato yayar Ba-Zafi, wadda ta tattaro kayanta ta dawo gidan da zama, mace ce da ba ta iya kwana-kwana ba. Ta zaunar da ita ta ce, "Ummanki ta rasu. Allah ya karɓi abinsa. Sai haƙuri." Tarwaɗa ta gyaɗa kai. Ba ta yi birgima ba, ba ta ƙi abinci ba. Masu zuwa gaisuwa har yabonta suke, wai ka ga yarinya mai tawakkali kamar babba. Ba wanda ya kula da cewa ta ɗauko wani tsohon ɗankwalin uwar ta ɗaure kanta tamau, kuma ko barci da shi take yi.

Da ƙafa ta ɗauke, Gwaggo ta ce, "Zo nan in tsefe miki wannan abin, kin zama kamar mahaukaciya." Hannunta bai kai ga ɗankwalin ba yarinyar ta sulale ta shige ƙarƙashin gado. Da aka jawo ƙafarta ta gantsara wa Gwaggo cizo a dantse, har sai da shaidar haƙora ta fito.

"La ilaha! Ni za ki ciza?"

"Ƙyale ta, Yaya," in ji Ba-Zafi daga bakin ƙofa. "Kwana nawa ne? Za ta gaji ta bari da kanta."

"To, uban 'ya. Na ƙyale."

Ga abin da bai gaya wa Gwaggo ba. Da safe, in yarinyar ta juya baya tana gyara ɗaurin ɗankwali, yakan saci kallon ɓangaren daman nan. Layukan kitson suna nan reras, ga 'yar karkatar nan kusa da kunne. Tufafin matar an rabar, takalmanta an bayar, ƙamshinta ya bar ɗakin. Abin da hannunta ya yi na ƙarshe a duniya shi ne wannan, kuma yana yawo a gabansa, yana shan shayi, yana tafiya makaranta. Wallahi shi ma ba ya so a tsefe. Matajin ma yana nan kan taga inda ta ajiye shi, Gwaggo in tana shara sai ta zagaye shi.

Wanka dai Tarwaɗa na yi, amma daga wuya zuwa ƙasa. Zafi ya shigo, gumi na tsatsafowa ta ƙarƙashin ɗankwali. Sai aka fara susa. Da farko da yatsa, a hankali, in ta ga ba mai kallo. Daga baya da gindin fensir, tana cusa shi ta ƙarƙashin ɗaurin tana murzawa, idonta a rufe, haƙoranta a cije. A shago ta daina lilo da ƙafa. Ba-Zafi zai yi wa yaro ƙaryarsa ya ɗago ya kashe ido, sai ya tarar ba shi take kallo ba. Ƙofa take kallo.

Sannan warin ya zo. Ba mai ƙarfi ba ne da fari, wani ɗan tsami-tsami ne kamar na tsumman da aka manta a jiƙe. Ya san shi sarai. Sau nawa ya cire wa mutum tawul ya ce, "Malam, wannan kan ba na aski ba ne, na asibiti ne, tashi ka tafi yau ɗin nan"? Amma wanzami ba ya son jarfa. Ya sa aka zo aka fasa kwatar bayan gida aka yashe ta, yana tsaye yana faɗa da masu aikin wai ba su yi da kyau ba.

Wata rana malamar ajinsu ta biyo ta shagon. Ta jira har wanda ke kan kujera ya tashi, sannan ta rage murya.

"Baban Tarwaɗa, yara sun daina zama kusa da ita. Benci guda ita kaɗai. Jiya na ga wani ruwa-ruwa yana gangarowa ta bayan kunnenta. Na ce ta buɗe in gani, ta ce Babanta ya hana."

"Ni?"

"Haka ta ce."

Ya yi godiya, ya ce za a duba. Da ta tafi ya leƙa kemis ya ce a ba shi man shafawa na ƙuraje, wai wani mai zuwa aski ne ya aiko shi. Mai kemis ya dube shi ta saman tabarau, ya miƙo masa. A gida ya ba yarinyar, ya ce ta riƙa shafawa da kanta. Ka ji fa! Gobara na cin rufi, shi yana yayyafa ruwa a dokin ƙofa.

Gwaggo ce ta kawo masa rigar matashin kai har inda yake zaune, ta shimfiɗa masa a cinya. Ga tabo nan rawaya-rawaya, gefensa da jini, ya bushe ya ƙandare.

"Kwata ce wannan ma?" ta ce. "Ka dube ni. Uwar ta tafi, ita ma so kake ta bi ta? Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma kai ka sani ka kwanta a ƙarƙashinsa. Gobe zan kira matan gidan nan biyu, mu danne ta, in sa almakashi. Ta tsane ni, ba komai, da ranta dai."

"Ba mai danne mini 'ya."

"To ka yi da kanka. Ba sana'arka ba ce?"

Ya ce zai yi. Ya kuma gwada, ta hanyar da ya iya. Da yamma ya kira ta, ya yi muryarsa ta shago, mai laushin nan. "Zo mana, Tarwaɗar Baba. Ba abin da zan yi, dubawa kawai."

Ta tsaya nesa da shi, hannunta biyu a kan ɗankwali. "Haka kake ce wa yaran shago."

Ya ce to bari sai gobe. Goben ta zo ya ce sai jibi, wai aiki ya yi yawa. Ana cewa ƙarya fure take ba ta 'ya'ya. Tasa kam ta yi, kuma a kan 'yarsa take nuna.

Safiyar da ƙarshen abin ya zo, Tarwaɗa ba ta fito shan shayi ba. Ya shiga ya tarar da ita zaune a bakin gado sanye da kayan makaranta, takalmi ƙafa ɗaya. Ya kira sunanta, sai ta juyo da jikinta gaba ɗaya, don wuyan ya ƙi juyawa. Bayan kunnen dama ya kumbura ya yi sumul, kumburin ya gangaro har ƙasan muƙamuƙi, idon wannan ɓangaren ya ƙanƙance. Ya taɓa goshinta ya janye hannu. Ƙudaje biyu suna zagaya ɗankwalin, ta kore su, suka dawo.

Gabansa ya faɗi irin faɗuwar da ya yi ranar da matarsa ta dafe goshi. Tsoro ya kama shi, tsoro na gaske.

Gwaggo ta riga ta fita kiran mata. Bai jira ta ba. Ya saɓi yarinyar a kafaɗa ya fita da ita. Asibiti ya nufa, amma ya san abin da za a fara yi a can: mutum uku su danne ta a kan gado, wata baƙuwa ta sa almakashi ta datse ko ta ina. Da ya zo daidai benen sai ya tsaya. Ya buɗe shago, ya ja ƙofar ya bar ta rabi don haske, ya gitta katakon nan a kan kujera ya ɗora ta. Duk shekarun nan ba ta taɓa hawa kujerar ba.

Ya wanke hannu. Ya goge almakashi da reza da sifirit, ya sake gogewa. Tana kallonsa ta cikin madubi da ido ɗaya da rabi.

"Dubawa za ka yi?"

"A'a. Askewa zan yi. Duka."

Hannuwanta suka tashi suka rufe kan. "Umma ba ta ƙarasa ba."

"Ba za ta ƙarasa ba, Tarwaɗa."

"Ka ce za ta dawo."

"Gwaggo ta gaya miki ta rasu."

"Gwaggo ta faɗi nata." Muryarta a dishe take saboda zazzaɓi, amma ba ta rawa. "Kai ka ce za ta dawo. Kuma na kalle ka, Baba. Na daɗe ina kallonka. Ba ka kashe ido ba."

Ashe abin da ta riƙe kenan. Yarinyar nan ta san ƙaryarsa kaf, a benci ta girma tana ƙirga su. Ta san in ƙarya ce akwai alama. Ranar nan a tsakar gida ta tsaya jiran alamar, ba ta zo ba, shi kenan ta ɗauki maganar ta ɗaure a kanta, ta zauna benci ita kaɗai, ta sha ƙaiƙayi da ciwo ba ta ce uffan ba, don kada Umma ta dawo ta tarar ba abin ƙarasawa.

Ya zagayo gabanta ya durƙusa, yadda za ta gan shi ba ta madubi ba.

"Ƙarya na yi miki," ya ce. "Ban kashe ido ba don ni ma so nake ya zama gaskiya. Har yau so nake. Shi ya sa na hana Gwaggo, ba don ke ba, don kaina. Ummanki ta mutu. Ba za ta dawo ba, ko kin bar kan nan shekara nawa. In na bar shi kuma, ke ma zan rasa ki. Dubi idona da kyau."

Ta duba. Ta daɗe tana dubawa, kamar wancan karon. A waje mai gyaran waya yana buɗe shagonsa, ƙarfen ƙofa na ƙara. A hankali hannuwanta suka sauko kan cinyarta.

"Zai yi zafi?"

Kalmomin nan biyu har sun iso bakin leɓensa, don sun san hanya. Ya haɗiye su.

"Zai yi. Sosai."

Ta kama hannuwan kujerar ta riƙe.

Ɗankwalin ya manne, sai da ya jiƙa shi da ruwan ɗumi yana ɓamɓarowa kaɗan-kaɗan. Warin ya cika shagon. Ɓangaren hagu, wanda ba a kitsa ba, ya dunƙule ya zama curi guda kamar soson wanki, wannan bai ba shi wuya ba. Na daman ne aikin. Bai tsefe ba. Ya bi kowane layi daga tushe da bakin almakashi, yana ɗago shi ɗungurungum yadda ta kitsa shi, yana jerawa a kan farin tawul. Na kusa da kunne, mai karkatar nan, a ƙarƙashinsa ciwon yake. Da ya ɗago shi fata ta biyo, mugunya ta fashe ta gangaro wuyanta. Abin da ya gani a wurin ba na faɗa ba ne. Shi da ya ga kawuna iri-iri sai da ya kau da fuska.

Nan ne ta yi kukan. Ba "wayyo kaina" ta ce ba. "Umma!" ta ce, da wata irin murya da ta sa mai kemis ya fito a guje ya tsaya turus a bakin ƙofa. Kukan da ba ta yi ba ranar rasuwa, wanda aka yi ta yabonta a kansa, shi ne ya zo gaba ɗaya. Ba-Zafi bai ce ta yi shiru ba. Bai ce an kusa gamawa ba, don ba a kusa ba. Yana aiki hawaye na ɗiga daga haɓarsa a kan tawul.

A asibiti suka kwantar da ita, aka yi ta allurai da ƙarin ruwa. Likitar da ta duba ta ta tambayi sana'arsa. Da ya faɗa, ta dube shi kawai ta ci gaba da rubutu, kuma da ta zage shi da ya fi masa sauƙi. Ta ce an tsere wa babban abu da ƙyar, amma saman kunnen nan gashi ba zai sake fitowa ba. Haka kuwa aka yi. Wuri ne kamar tafin hannun jariri, sumul, mai sheƙi.

Har yanzu Ba-Zafi ake ce masa, suna ba ya bin hali ya canza. Amma yanzu in ya ɗora yaro a kan katako cewa yake, "Zai ɗan ja ka a ƙeya, ka daure." Yara na kuka a shagon fiye da da, wasu iyayen ma sun koma wani wuri, suna cewa hannunsa ya lalace tun da matarsa ta rasu. Farin tawul ɗin nan yana naɗe a ƙasan akwatin Tarwaɗa. Ba ta cika buɗe shi ba.

Da gashin ya tofo ya kai a kama, Gwaggo ta ce ta zo ta yi mata kitso. Tarwaɗa ta girgiza kai. Ta je taga ta ɗauko matajin nan, ta hure ƙurar da ke kansa, ta miƙa wa uban. Ta zauna a dokin ƙofa tsakanin gwiwoyinsa.

"Ban iya ba," ya ce.

"Gwaggo ta nuna maka. Ka fara ta hagu."

Kitsonsa ba kyau, kowa ya sani, layukan kamar hanyar tururuwa, amma ya koyi yadda zai kwanto da gashin sama ya rufe tabon. Duk ranar hutu suna nan a dokin ƙofa. In ya fara ba ya tashi, ko ana sallama da shi a waje, ko ƙafarsa ta yi sanyi ta mutu. Wata rana gumi ya shiga masa ido, ya ɗaga hannu ya dafe goshi. Nan take ya ji jikinta ya sandare a tsakanin gwiwoyinsa. Ta juyo a hankali.

"Baba, za ka gama?"

Ya so ya ce mata ƙwarai kuwa, yau da kullum, har ta tsufa.

"In ina da rai," ya ce.

Ta bincika idonsa na dama, ta bincika na hagu. Sannan ta juya ta ba shi kan, ta kama ƙafar wandonsa ta riƙe har ya gama.